Daga Kaulaha zuwa Bambali, a kan sawun Sadio Mane

Ziyara ce ta kai ni Senegal a watan Satumban 2024. Maulidin Madina Baye na je, a Kaulaha, kamar yadda dubban mutanenmu daga Kano da Zariya da Damagaram da Kumasi suke zuwa duk shekara. Tun 1937 da Sarkin Kano Abdullahi Bayero ya haɗu da Shehu Ibrahim Inyass a aikin hajji, ƙafar Bahaushe ba ta ɗauke daga garin ba. A kwanakin Maulidi, in ka tsaya a bakin babban masallaci, Hausar da za ka ji ta isa ta mantar da kai cewa a baƙuwar ƙasa kake.

Sai dai na taho da wata buƙatar ta daban a raina. Shekara da shekaru ina kallon Sadio Mane a gidan kallo, tun yana Southampton har ya koma Liverpool, kuma kullum ana cewa daga wani ƙauye ya fito wai shi Bambali. Ina son in ga ƙauyen da idona, in kuma bi hanyar da yaron ya bi har ya isa Dakar. Da aka watse daga Maulidi na yi wa mai masaukina maganar, shi kuma ya haɗa ni da wani ɗalibi ɗan Damagaram da ke karatu a Madina Baye, yana jin Faransanci yana jin Wolof. Da na faɗa masa inda za mu, ya ce, "Yaya, ai wannan tafiya sai mun ratsa wata ƙasa sukutum kafin mu isa. Ka riƙe fasfonka kusa."

Gaskiyarsa. Ƙasar Gambiya a kwance take a tsakiyar Senegal, ta raba arewa da yankin kudu da ake kira Kasamans. Muka shiga tsohuwar Fijo mai ɗaukar mutum bakwai, muka bi ta Nioro har bakin iyaka a Keur Ayib. A buga maka hatimin fita, a buga na shiga, ka wuce Farafenni, ka haye kogin Gambiya, ka wuce Soma, sai kuma wani hatimin fita da wani na shiga a Senoba. A watan Janairun 2019 aka buɗe gadar da ke kan kogin. Kafin nan jirgin fito ne, kuma direbanmu ya ce manyan motoci sukan kwana su wuni a layi suna jira, mangwaro da ayaba suna ruɓewa a bayansu. Wannan nisa da wannan wahala suna cikin abin da ya sa mutanen Kasamans suka daɗe suna ganin an manta da su, har rikicin 'yan aware ya ɓarke a 1982 ya yi shekaru yana cin rayuka. A tsakiyar wannan zamani aka haifi Mane, ranar 10 ga Afrilun 1992.

Kana tsallaka iyaka ta biyu ƙasa take sauya kama. Ƙarshen damina ne, ko'ina kore shar: fadamun shinkafa, gonakin kashu da gyaɗa, manyan rimaye, kwakwar manja, mangwaro a kowane gida. Harshe ma ya sauya, Wolof ya ja baya, Mandinka ya karɓi kasuwa, har abokin tafiyata ya koma dogaro da Faransanci. Da la'asar muka shiga Sedhiou, hedikwatar lardin da Bambali yake ciki, gari mai natsuwa a gaɓar kogin Kasamans. Filin wasan garin sunan Mane aka ba shi bayan Senegal ta ci kofin Afirka a 2022. Muka kwana, da safe muka hau acaɓa, wanda su suke kira Jakarta, zuwa Bambali. Tafiyar ba ta kai awa guda ba.

Bambali ƙauye ne na manoma da masunta, irin wanda in ba don mutum ɗaya ba, babu abin da zai sa wani a Kano ya san sunansa. Muka fara gaida dattawan da muka tarar a inuwa, muka faɗi daga inda muke. Da suka ji Najeriya, suka ji kuma daga Kaulaha muka biyo, aka shimfiɗa mana tabarma, aka ɗora shayi a kan gawayi, irin mai zagaye uku ɗin nan da ba a gaggawa da shi. Wani dattijo ya sa jikansa ya zaga da mu.

Asibitin muka fara zuwa, kuma a nan na fi daɗewa. A watan Yunin 2021 aka buɗe shi, kuɗin gininsa ya kusa fam dubu 500, duk daga aljihun Mane, kuma ya miƙa shi ga gwamnati. Akwai ɓangaren haihuwa, akwai na haƙori, akwai ɗakunan ganin likita. Ba mutanen Bambali kaɗai yake yi wa aiki ba, har da ƙauyukan da ke kewaye. Na zauna a benci a waje ina kallon mata suna shiga da goyo, wasu an kawo su a bayan babur daga nesa. Duk wanda ya san tarihin gidan su Mane ya san dalilin wannan gini. Mahaifinsa limami ne. Sadio yana ɗan shekara 7 ciwo ya kama uban, babu asibiti a garin, aka yi ta maganin gargajiya, aka kai shi wani ƙauyen neman sauƙi, a can rai ya yi halinsa. Shi da bakinsa ya ba da wannan labari, ya kuma ce ƙanwarsa a gida aka haife ta saboda babu inda za a kai uwar. Yaron da ya ga wannan ne ya dawo bayan shekara ashirin da wani abu ya gina wurin da za a kai uban wani.

Abin ya taɓa ni ƙwarai, kuma ya bar ni da tunani biyu. Na farko yabo ne ga bawan Allah da bai manta mafari ba. Na biyu kuwa damuwa ce: ƙauyuka nawa ne a Kasamans, da ma ko'ina a Afirka ta Yamma, da ba su haifi ɗan ƙwallon Liverpool ba? Matar da naƙuda ta kama cikin dare a can, haƙƙinta na samun ungozoma da likita daidai yake da na matar Bambali. Aikin hukuma ne, kuma kyautar mutum ɗaya, komai yawanta, ba ta sauke wa hukuma wannan nauyi.

Daga asibiti muka wuce makarantar sakandare da ya ba da kimanin fam dubu 250 aka gina a 2019, muka ga gidan mai da gidan waya, muka ga waya tana kama intanet sosai a ƙauyen da da can sai an nemi tudu. Sai sabon filin wasa mai shimfiɗar ciyawar roba, wanda ya zo da kansa ya buɗe a Janairun 2024, a wurin da shi ma ya yi wasa yana yaro a kan turɓaya. Da yamma yara suka cika shi, wasu da takalmi wasu ƙafa tsirara, rigunan Liverpool da Bayern da Al-Nassr duk lamba 10 ko 17. Jikan dattijon ya tuna mana cewa a 2018, kafin wasan ƙarshe na Kofin Zakarun Turai a Kyiv, Mane ya aiko da rigunan Liverpool 300 aka raba a gari. Real Madrid ce ta ci 3-1 a daren, amma ƙwallon Liverpool ɗaya tilo shi ya zura.

Lokacin damina a Senegal lokacin gasar unguwanni ne da ake kira nabetan. Kowace unguwa da kowane ƙauye da ƙungiyarsa, da ganguna, da waƙoƙi, da gardamar da takan kai har bayan girbi. Na ga irin wannan wasa a Sedhiou, na ga yadda gari yake tashi kacokan ya koma bakin fili. A nan ake fara gane yaro mai ƙafa. A nan Mane ya yi suna tun kafin kowa a Dakar ya san da shi.

Iyalinsa ba su so ƙwallo ba. Gidan malamai ne, karatu suke so ya yi, kuma ba su taɓa ganin ɗan ƙauyensu da ƙwallo ta zame masa sana'a ba. Ba na ganin laifinsu ko kaɗan. Uba ko kawu a Gwarzo ko Tasawa abin da zai ce ke nan. Yana wajen shekara 15 zuwa 16 ya sulale ya gudu Dakar ba da sanin gida ba. Aka gano inda yake, aka dawo da shi, aka yi yarjejeniya: ya ƙara shekara guda a makaranta, sannan a bar shi ya gwada sa'arsa. Suka cika alkawari, shi ma ya cika. Ya sha ba da labarin ranar gwajinsa, yadda wani mai horarwa ya dubi yagaggen takalminsa da gajeren wandonsa da ba na ƙwallo ba ya tambaye shi ko da gaske da waɗannan zai yi wasa, ya amsa cewa su ne mafi kyau da yake da su. Da aka gama wasan, mutumin bai bar shi ya tafi ba.

A bakin shayi na dare matasan gari suka ɗauko zancen fenareti, kuma na fahimci a nan ne zuciyarsu take, fiye da duk kofunan Ingila. A 2017, a Gabon, Mane ne ya ɓarar da bugun da ya sa Kamaru ta fitar da Senegal a zagayen kusa da na kusa da ƙarshe. Ya faɗi a fili yana kuka, sai da aka ɗaga shi. A 2019 suka kai wasan ƙarshe a Alƙahira, Aljeriya ta ci su 1-0. Sai ranar 6 ga Fabrairun 2022, a filin Olembe da ke Yawunde, da Masar ta su Mohamed Salah, abokin wasansa a Liverpool. Tun farkon wasa aka ba Senegal fenareti, a minti na bakwai Mane ya buga, gola Abou Gabal ya kaɗe. Aka yi minti 120 babu ci. Da aka zo bugun raba gardama, bugun da zai kawo kofi ya faɗo kan wanda ya ɓarar ɗazu, wanda kuma ya ɓarar shekara biyar baya. Ya ajiye ƙwallo, ya buga da ƙarfi ƙasa-ƙasa, ta shige. Senegal ta ɗauki kofin Afirka karo na farko a tarihinta. Wani saurayi ya ce mini a daren nan babu wanda ya runtsa a Bambali, har tsofaffin da a da suke cewa ƙwallo shiririta ce.

Ni a ganina wannan bugu na biyu shi ne ya fi komai bayyana ko wane ne Mane. Gudu da iya yanka mutane da yawa suna da su. Amma ka ɓarar a gaban nahiya guda, ka sake ɗaukar ƙwallon da hannunka bayan awa biyu, wannan sai mai zuciya.

Daga Sedhiou muka nufi Ziguinchor, babban birnin Kasamans, don mu hau jirgin ruwa zuwa Dakar. Garin gidan ƙwallo ne tun kafin a haifi Mane. Nan ne gidan ƙungiyar Casa Sports, nan aka haifi Jules Bocande, wanda ya fi kowa zura ƙwallo a gasar Faransa a kakar 1985-86 yana Metz, da ƙwallo 23. A nan kuma aka haifi Aliou Cisse, kyaftin ɗin tawagar 2002 da ta doke Faransa mai riƙe da kofin duniya 1-0 a wasan buɗe gasa a Seoul, da ƙwallon marigayi Papa Bouba Diop, ta kai har zagayen 'yan takwas. Mane yana ɗan shekara 10 a lokacin, kuma ya ce wannan tawaga ta su El Hadji Diouf ce ta sa masa burin. Shi ma Cisse ya ɓarar da fenareti a wasan ƙarshe na kofin Afirka a Bamako a 2002, sai ga shi bayan shekara 20 shi ne kocin da ya ɗauko kofin. Ban daɗe da komawa gida ba na ji an sallame shi daga aikin, a watan Oktoba.

Shekarar 2002 tana da wata fuskar a Ziguinchor. Ranar 26 ga Satumba jirgin ruwan Joola, da ya taso daga nan zuwa Dakar maƙare da mutane, ya kife a gaɓar Gambiya, sama da mutum 1,800 suka rasu, da yawansu ɗalibai masu komawa makaranta. Cisse ya rasa 'yan uwa 11 a ciki. Akwai gidan tarihi na tunawa da su a bakin kogi, muka tsaya muka yi musu addu'a. Jirgin da muka hau, Aline Sitoe Diatta, ana lissafa fasinja ɗaya bayan ɗaya da takardar shaida kafin a shiga. Ya tashi da rana, ya bi kogi ya faɗa teku, muka wayi gari a Dakar.

Wurin ƙarshe da nake son gani shi ne makarantar horar da 'yan ƙwallo ta Generation Foot, a Deni Biram Ndao, can bayan gari kusa da tabkin nan mai ruwan hoda. Mady Toure ne ya kafa ta a shekarar 2000, kuma tun 2003 take da yarjejeniya da ƙungiyar Metz ta Faransa: Metz ta sa kuɗi da masu horarwa, ita kuma ta fara zaɓa cikin yaran da suka nuna. Ginin zamani da ke wurin yanzu, da filaye da ɗakunan kwana da azuzuwa, bayan tafiyar Mane aka yi shi, amma ƙofar da ya bi ke nan. Ita Papiss Cisse ya bi kafin shi, ita Diafra Sakho ya bi, sai Ismaila Sarr, Habib Diallo da Pape Matar Sarr a baya. Can a Saly kuma akwai Diambars, wadda su Patrick Vieira suka kafa a 2003, inda Idrissa Gana Gueye ya fito.

A 2011 Mane ya sauka a Metz, cikin sanyin da bai taɓa gani ba. Ya ce mahaifiyarsa ma ba ta san ya tafi ba sai da ya kira ta daga Faransa. Ya ɓoye ciwon matsematsi don tsoron kada a mayar da shi gida, har sai da aka yi masa tiyata. A Janairun 2012 ya fara buga wa babbar ƙungiyar, kuma a ƙarshen kakar Metz ta faɗa rukuni na uku. Wasannin Olamfik na Landan a bazarar nan, inda Senegal ta kai zagayen 'yan takwas, su suka fito da shi, Red Bull Salzburg ta Ostiriya ta saye shi a kan kimanin yuro miliyan 4. Ya ci musu ƙwallo 45 a wasa 87, da kofin lig da na ƙalubale a 2014. Southampton ta ɗauke shi a kan fam miliyan 11.8, a can ne ranar 16 ga Mayun 2015 ya zura wa Aston Villa uku cikin minti 2 da daƙiƙa 56, abin da ba a taɓa yi ba a gasar Firimiya. Sai a 2016, yana da shekara 24, ya isa Liverpool a kan fam miliyan 34, mafi tsadar ɗan wasan Afirka a lokacin. Jurgen Klopp ya taɓa samun damar ɗaukarsa tun yana kocin Dortmund ya ƙi, daga baya ya ce kuskure ya yi.

Sauran kowa ya sani: ƙwallo 120 a wasa 269 a Liverpool, Kofin Zakarun Turai a Madrid a 2019, takalmin zinare na Firimiya a shekarar da ƙwallo 22 tare da Salah da Aubameyang, kofin Firimiya a 2020 bayan Liverpool ta yi shekara 30 tana jira, gwarzon Afirka a 2019 da 2022, na biyu a Ballon d'Or ta 2022. Bayern Munich ba ta yi masa daɗi ba. Rauni a watan Nuwamba ya hana shi zuwa kofin duniya na Qatar, bayan shi ne ya buga fenaretin da ya kai Senegal can, a sabon filin Diamniadio, da Masar ɗin dai. A 2023 ya koma Al-Nassr ta Saudiyya, ƙungiyar da Ahmed Musa namu ya taɓa bugawa.

Abin da na lura da shi ina tsaye a bakin filin atisayen shi ne tsani ne aka kafa, kuma Mane bai tsallake ko mataki ɗaya ba: ƙauye, gasar unguwa, makaranta, ƙaramar ƙungiya a Faransa, Ostiriya, tsakiyar teburin Ingila, sannan ƙololuwa. Mu a gidan kallo matakin ƙarshe kawai muke gani, shi ya sa yaro yake sa uwarsa ta sayar da fili a ba wani dillalin bogi da ya yi alkawarin gwaji a Turai. A Senegal ma ana yin haka, har da abin da ya fi shi muni: kwale-kwalen da ke tashi daga Mbour da Saint-Louis da matasa zuwa tsibiran Kanari na Sifaniya, da yawa ba sa isa, kuma cikinsu akwai masu takalmin ƙwallo a jaka. Ko a makarantar kirki irin wannan, kaɗan ne cikin yaran za su ga Metz, shi ya sa azuzuwan karatun da na gani suka fi filayen faranta mini rai. Akwai kuma masu ƙorafin cewa riba mafi tsoka a Turai take tsayawa, tunda yaron da aka ɗauka da araha a Dakar ana sayar da shi da miliyoyi bayan shekara biyu. Ƙorafin yana da tushe, kuma ya kamata hukumomin ƙwallon Afirka su tsaya a kansa.

Duk da haka tsarin yana haifar da 'ya'ya. Tsakanin 2022 da 2023 Senegal ta haɗa kofin Afirka na manya, da na 'yan wasan cikin gida, da na 'yan ƙasa da shekara 20, da na 'yan ƙasa da 17, da na ƙwallon yashi. Abokin tafiyata ya nuna mini hoton Lamine Camara a wayarsa ya ce, "Yaya, wannan za ka riƙa ji nan gaba." Shi ma ɗan Kasamans ne, an haife shi a 2004, ya bi ta Casa Sports ya zo Generation Foot, ya tafi Metz a farkon 2023, hukumar ƙwallon Afirka ta zaɓe shi gwarzon matasa a ƙarshen shekarar, kuma wata biyu kafin zuwanmu Monaco ta saye shi.